Kaset Goma Sha Huɗu

Ranar Litinin da hantsi aka jiyo salatin Uwar Kaset tun daga ƙarshen baranda. Ita ce mai kula da ɗakin ajiya na gidan talabijin ɗin, mace mai jiki da ƙaramin tabarau, wadda ko allura ba ta taɓa ɓata a hannunta ba cikin shekara ashirin da biyu. Yau ga gurabe goma sha huɗu a kan kantocinta kamar giɓin haƙora. Ba a fasa ƙofa ba, ba a taɓa taga ba. Kaset goma sha huɗu sun yi ɓatan dabo, kuma dukansu daga jerin mutum ɗaya, wanda kowa a gidan ke ce wa Darakta.

Kafin a sha shayin safe, kowa ya gama yanke hukunci. 'Yan ɗakin labarai suka ce Uwar Kaset ce, ai mabuɗi na hannunta. Direbobi suka ce sabon furodusan nan ne da ake wa laƙabi da Ɗan Zamani, dama ya ƙi jinin tsofaffin kaya da masu su. Masu shara ba su ce komai ba, sun san a kansu aka saba sauke irin wannan.

Darakta ya tsaya gaban kantocin, hannuwansa a baya. Shekara talatin ya yi yana shirya wa gidan fina-finan rayuwar mutane, irin waɗanda babu 'yan wasa a ciki: masunta, ungozomomi, ma'aikatan jirgin ƙasa ranar da aka rufe tasharsu. Ƙarshen watan nan zai ajiye aiki. An ba shi awa ɗaya ranar Juma'a da yamma don fim ɗinsa na ban kwana, wanda zai haɗa daga ɗanyen hoto, wato abin da aka ɗauka amma bai taɓa shiga wani fim ba. Bayan nan za a kwashe ɗanyen hoton duka a lalata, don ana son ɗakin ya zama ofis. Abin da bai shiga wannan awa ɗayar ba ya tafi ke nan. Matarsa ta rasu shekara takwas da suka wuce, 'yarsa ɗaya tana aure a wata ƙasa, tana kira ranar Lahadi in ta tuna. Wannan fim ɗin shi ne abin da ya rage masa, kuma ya sani.

*

Manajan gidan ya kira Darakta ofis, bai ba shi wurin zama ba.

"Baba, ba na son 'yan sanda a gidan nan, surutu zai yi yawa. Ai an ce kai ne sarkin bin diddigi, ka taɓa bin sawun mutum wata shida don hirar minti uku. To, bismilla. Na ba ka zuwa Alhamis da azahar."

"In ban samu ba fa, Yallaɓai?"

"In ba ka samu ba, hukuma ta shigo. Wanda ya ɗauka kuwa, ko wane ne, aiki da fansho duk sun tafi. Fim ɗinka kuma in miƙa wa Ɗan Zamani ya haɗa wani abu daga tsofaffin fina-finanka da aka riga aka nuna. Ba zan bar awa ɗaya fayau ba."

Darakta ya fito da takardar lambobin kaset ɗin a aljihu. Abin ya ƙona masa rai ƙwarai, a ce rayuwarsa za a ba wani ya taƙaita.

*

Yana da dabara ɗaya a hira, da ita ya ci abinci shekara talatin. Ya yi tambaya, sannan ya kama bakinsa ya ƙirga goma a zuci. Mutane ba sa jure shiru, sai su cika shi da abin da ba su yi niyyar faɗa ba.

Uwar Kaset ba ta kai uku ba ta fashe.

"Darakta, ni ka zo tuhuma? Ni da na kwashe kaset ɗinka a kaina ranar da rufi ya yi yoyo?"

"An ce an gan ki da babbar jaka ranar Juma'a."

Ta jawo jakar daga ƙarƙashin tebur ta zazzage masa a gabansa. Rigunan makaranta ne, guda tara, wasu da allura a jiki. Ɗinki take karɓa tana yi a ɓoye lokacin aiki, tun da maigidanta ya kwanta ciwo.

"Ga satata. Je ka gaya wa Manaja."

"Ban ga komai ba," in ji shi. "Mabuɗin fa? Kullum yana jikinki?"

Nan ya ƙirga har takwas. Ta cire tabarau ta goge.

"In zan fita cin abinci, ina rataye shi a ƙusar bayan kabad. Kai ma ka sani. Duk wanda ya haura shekara ashirin a gidan nan ya sani."

Haka ne. Shi kansa ya sha ɗaukar mabuɗin nan a wannan ƙusa.

*

A wurin cin abincin ma'aikata Darakta ya tarar da Kunne a teburinsu na kusa da taga. Kunne shi ne mai ɗaukar sautinsa tun fim na farko, dogo siriri, kafaɗarsa ta dama ta karkace saboda ɗaga sandar makirfo. Wata uku ya rage masa shi ma ya ajiye aiki. Sun kwana ɗaki ɗaya a masaukai marasa adadi, sun yi zazzaɓi tare, sun tura mota tare, amma Darakta bai taɓa shiga falon gidansa ba. Abota ce ta aiki, tana ƙarewa a bakin ƙofar gidan talabijin.

"Sun kashe ni, Kunne," ya ce yana juya cokali, kansa a ƙasa. "Har da na masunta. Har da na ungozomar nan da ta yi waƙa."

"Shayin yau ba sukari," in ji Kunne.

Darakta ya ɗago ya harare shi. "Ina maganar rayuwata kana maganar sukari?"

Kunne ya zuba wa bakinsa ido. "Allah ya bayyana su, Darakta. Wa kake zargi?"

"Yaron nan mana. Wa kuma?"

Kunne ya ci gaba da shan shayinsa. Dama shi ba mai magana ba ne, aikinsa saurare, don haka Darakta bai kawo komai a ransa ba.

*

Ɗan Zamani ya haura talatin da biyar, yana da 'ya'ya uku, amma a wurin Darakta har gobe yaro ne. Darakta ya same shi ranar Talata tsakanin allunan kwamfuta biyu.

"An ce wata tashar waje ta tuntuɓe ka tana neman tsofaffin hotuna."

"Gaskiya ne, Baba. Na tura su wurin Manaja, wasiƙar na nan in nuna maka."

Darakta ya ƙirga goma. Ɗan Zamani ya bar shi ya ƙirga, har da murmushi, don shi ma ya san dabarar.

"Baba, ba ni takardar nan in gani." Ya karɓa ya buga lambobin a kwamfuta. "Duba. In ni ɓarawo ne mai neman kasuwa, kammalallun fina-finanka zan ɗauka, waɗanda suka ci lambar yabo, suna nan reras a kantar sama ba wanda ya taɓa. Waɗannan kuwa tarkace ne, ka yi haƙuri da kalmar. Ɗaya daga shekarar farko, biyu daga ta bakwai, sai tsalle zuwa ta goma sha tara. Na masunta kaset shida ne, ɗaya kawai aka ɗauka. Wane irin ɓarawo ne wannan?"

Darakta ya so ya ƙi maganar saboda bakin da ta fito, amma gaskiya ce. Wanda ya ɗauka ba kwasa ya yi ba. Zaɓe ya yi, ɗaya bayan ɗaya, kuma ya san abin da yake nema.

*

Mai gadin babbar ƙofa ya buɗe masa littafin shiga da fita, babu komai a ciki sai sunayen baƙi.

"Jaka fa? Kana dubawa?"

"Ta kowa, ranka ya daɗe. Har ta Manaja in ya fito a ƙafa."

"Ta kowa?"

Mai gadi ya sosa ƙeya. "To, ban da taka. Da ta abokin tafiyarka. Ku da kuka riga ginin nan zuwa, in ce ku buɗe min jaka? Ai da kunya."

Darakta ya yi dariya, ya ce Allah ya yi albarka, ya wuce. Mutumin da ya shekara talatin yana koya wa mutane lura, aka ajiye masa amsa a tafin hannu, ya sa ta a aljihu ya tafi neman bas.

*

Laraba bai je aiki ba. Gidansa ɗaki biyu ne a hawa na uku, kujera ɗaya ce kawai ta lotsa a falon, sauran kamar ranar da aka sayo su. Bayan la'asar ya jawo akwatin ƙarfe daga ƙarƙashin gado. A ciki akwai littattafan aikinsa, talatin da ɗaya, masu baƙin bango. Duk kaset ɗin da ya taɓa ɗauka yana da shafi: lamba, wuri, abin da ke ciki minti bayan minti, da abin da za a yanke.

Ya nemo shafukan goma sha huɗun nan ya jera littattafan a buɗe a kan gado. Ba wuri ɗaya ba, ba shekara ɗaya ba, ba mutum ɗaya ba. Ya karanta su sau biyu, idonsa ya yi yaji. Sai da ya daina karantawa ya ja baya ya tsaya daga bakin ƙofa, kamar yadda yake wa hoto in ya ƙi haɗuwa, sannan ya gani. A gefen kowane shafi akwai ɗan zane da jan biro, ƙarami kamar ƙwayar wake. Zanen kunne, da kalma ɗaya a ƙarƙashinsa: yanke.

Dokar aikinsu ta farko ita ce ma'aikaci ba ya shiga hoto. Mai sauti ya matso iya matsowa don ya kama murya, amma ko inuwarsa kada ta taɓa gefen allo. Duk ranar da Kunne ya kuskure, gwiwar hannu ta leƙo ko rabin fuska, sai Darakta ya daka masa tsawa a gaban mutane, ya ci shi tarar sayen shayi, da yamma kuma ya zana kunnen nan a littafi don ya tuna ya yanke wurin.

Ya zauna a ƙasa ya bi littattafan duka, shafi bayan shafi, yana fatan ya sami kunne na goma sha biyar a kan wani kaset da ba a taɓa ba. Bai samu ba. Cikin kaset ɗari huɗu da 'yan kai, sau goma sha huɗu kacal Kunne ya shiga hoto. Wannan ma wata irin gwaninta ce, kuma bai taɓa gaya masa ba.

Rana ta faɗi yana zaune a wurin. Ya ɗauki waya, ya rasa wanda zai kira ya gaya wa. Mutum ɗaya yake gaya wa irin wannan, shi ne kuma ɓarawon.

*

Alhamis da azahar Manaja ya tara su a ɗakin taro. Uwar Kaset ta zauna rungume da jakarta, idonta a kumbure. Ɗan Zamani yana juya biro. Mai gadi ya ƙi zama. Kunne ya zaɓi kujerar da ke fuskantar Darakta sak. A bakin ƙofa kuwa rabin ma'aikatan gidan ne, kowa ya ƙirƙiri abin da ya kawo shi barandar.

"Muna jinka, Baba," in ji Manaja, wayarsa a kife a gabansa.

Darakta ya miƙe da littafi ɗaya a hannu.

"Ba Uwar Kaset ba ce. Duk wanda ya ce ita ce, ya je ya ba ta haƙuri yau ɗin nan. Ba wannan yaron ba ne, shi ne ma ya nuna min hanya, na gode masa. Wanda ya ɗauka ya san ƙusar da ake rataye mabuɗi. Ba a duba jakarsa a ƙofa. Kuma ya san abin da ke cikin kowane kaset, don yana wurin aka ɗauka."

Mai gadi ya sunkuyar da kai. Kunne ya dafa tebur da hannu biyu, ya fara yunƙurin tashi.

Darakta ya ga hannuwan nan. Ya ga wata ukun da suka rage wa mai su. Kalma ɗaya ce tsakaninsa da kaset ɗinsa, da daren yau da safiyar gobe ya haɗa fim ɗin, yana iyawa, ya yi wanda ya fi haka. Ya so fim ɗin nan har cikin ƙashinsa, ba zai yi wa kansa ƙarya ba.

"Zauna, Kunne, ban gama ba," ya ce. "Ni ne."

"Kai ne me?" in ji Manaja.

"Ni na kai su gida wancan makon don in duba, na manta. Jiya na gan su a ƙarƙashin gado. Tsufa ne, Yallaɓai. Ku yafe ni."

Wani ya saki dariya a baranda, aka ce ya yi shiru. Uwar Kaset ta dube shi ta saman tabarau, dogon kallo, don ta san mutumin nan bai taɓa manta lambar kaset ko ɗaya ba. Amma ta kama bakinta.

Manaja ya ja dogon numfashi. "Kwana huɗu ka sa gidan nan a wuta. Ka sa baiwar Allah nan kuka. Ka dawo da su yau. Kuma Baba, ka yi haƙuri, mutumin da ke manta kaset goma sha huɗu a ƙarƙashin gado, ba zan ɗora masa awa ɗaya ta gobe ba." Ya juya wurin Ɗan Zamani. "Ka haɗa wani abu mai kyau. A girmama shi."

Aka watse. Waɗanda suka saba gaishe shi da rusunawa suka wuce suna kallon takalmansu.

*

Da la'asar yana zaune a ƙaramin ɗakin tace hoto, inda tsohuwar na'urar kaset ɗaya tilo da ta rage a gidan take, aka turo ƙofa. Kunne ne da jakar kayan sautinsa. Ya ajiye ta a tebur ya zuge. Suna ciki, a jere bisa shekara, kowanne a naɗe da tsumma.

"Na tashi zan faɗa, ka zaunar da ni."

"Me ya sa ba ka tambaye ni ba?" in ji Darakta, yana kallon jakar.

"Ɗago kai ka maimaita. In ban ga bakinka ba, ba na ji."

Darakta ya ɗago a hankali.

"Shekara biyu ke nan," in ji Kunne. "Na hagu ya tafi gaba ɗaya, na dama saura kaɗan. Allurar na'ura nake kallo in san sauti ya shiga. Likita ya ce kafin baɗi shi ke nan."

"Shekara biyu? Kullum muna tare!"

"Muna tare. Kai kana kallon gaba, ni ina gefe. Haka aikin yake, ban ce laifinka ba ne." Ya zauna a kujerar kusa. "Ka gane, Darakta, kai ko ka tsufa ka kunna fim ka ga aikinka. Ni duk abin da na yi a duniya sauti ne. Waƙar ungozomar nan, kukan jirgin ƙarshe, ni na kama su, ga shi ba zan ƙara jin su ba. Sai na ce to, in sami abin da zan gani da ido, in san na je wuraren nan. Na san za ka sake yanke ni, don dokar ke nan, sannan a lalata sauran."

"Da me za ka kalle su? Kana da na'ura a gida?"

Kunne ya yi 'yar dariya. "Sai da na kai su gida na tuna. Ka ga ɓarawon banza."

Darakta bai iya dariyar ba. Ya jawo littattafansa, ya ɗauki kaset na farko ya tura cikin na'ura. Jan biron nan ya kai shi daidai wurin, ba lalube. Ya kwafe, ya cire, ya sa na biyu. Hannunsa ya san aikin. Cikin awa ɗaya da rabi ya gama, ya jera guntayen a kwamfuta bisa shekara. Da ya duba tsawonsu duka, sakan arba'in da bakwai ne.

Ya kunna.

Gwiwar hannu a bakin kogi. Inuwar dogon mutum a bangon asibiti. Ƙeya. Takalmi cikin taɓo. Sannan a tashar jirgin ƙasa, sakan shida cur, wani saurayi siriri ya ja da baya ya faɗo cikin hoto gaba ɗayansa, sanda a sama, ido a rufe, yana sauraren wani abu da murmushi. Daga bayan kyamara aka ji muryar Darakta, matashiya, mai kaifi: "Fita min daga hoto, kai!"

Darakta ya runtse ido. Kunne bai ji tsawar ba. Ya matso har hancinsa ya kusa taɓa allon.

"Ikon Allah," ya ce. "Ashe na taɓa yin gashi."

Hasken allon na kan fuskarsa. Darakta ya dubi gefen fuskar nan da ya shekara talatin yana kora.

"Ka yafe min," ya ce. "Ba ni da kowa sai kai."

Kunne bai juyo ba. Ya ɗaga yatsa ya nuna allon.

"Mayar da shi baya, Darakta. Wurin jirgin nan."

Darakta ya mayar.